Bruce Lee: Jarumin da bai ga fitowar fim ɗin da ya kawo shi garinmu ba

Kwanakin baya na je gida Boɗinga biki, na tarar da 'ya'yan yayana sun haɗa kai a kan waya ɗaya suna kallon Ip Man na uku, fassarar Hausa. Na leƙa, sai ga wurin nan da wani matashi ya shigo yana goge hanci da babban yatsa, yana rawar ƙafa a gaban malamin. Na tambaye su ko sun san wane ne wannan, suka ce ai yaron Ip Man ne. Yaron Ip Man! Wallahi sai da na nemi wuri na zauna. Da ba don wannan yaron ba, ko a Sakkwato ba wanda zai san sunan Ip Man, balle a Boɗinga.

Mu Burusli muke ce masa, kalma ɗaya, kamar sunan wani ɗan unguwa. Ina firamare a farkon shekarun 1990 na fara ganinsa, a wani gidan kallo da ke bayan tasha. Rumfar kwano ce da benci huɗu, sauran jama'a a ƙasa, talabijin ɗaya da bidiyo, janareto na ta kuka a waje sai an ƙure murya ake ji. Ranar da aka rubuta Chanis da alli a allon ƙofa, kuɗin tara ba ya ciyuwa, ɓoye shi ake yi har yamma. Turanci ba ma ji, shi ma mai gidan kallon ba wani ji yake ba, amma ba wanda ya taɓa fita bai gane labarin ba. An kashe malamin jarumi ko ƙanwarsa, ya yi haƙuri, haƙuri ya ƙare, sai bos. In aka tashi kuwa, duk yaron da ka gamu da shi a hanya ƙafarsa ɗaya na sama. Ni kaina na fasa goshina da sanduna biyu da na haɗa da sarƙar keke, tabon yana nan har yau, Inna kuma ta ƙara mini da nata dukan a kan na sandar.

Wanda ya riga mu saninsa kawuna ne na Shagari, Allah Ya jiƙansa. Barunje ne, ya taɓa dambe da ƙuruciya, kaset ɗin Ɗan Anace ba ya fita daga rediyonsa. Shi a silima ya ga Bruce Lee, a Sakkwato, tun kafin ɗan garinsu Alhaji Shehu Shagari ya zama shugaban ƙasa a 1979. Yakan ba mu labarin yadda suke hawa babbar mota daga Shagari, su ratsa ta Boɗinga, su kalli fim, su kwana a tasha, da asuba su juyo kada fawa ta wuce su. Kallon ɗan dambe yake yi masa. Mu ihu da tsalle ke burge mu, shi ƙafafu yake kallo, yadda yaron ke sauya tsayuwa, da yadda yake barin abokin karo ya fara kawo hannu sannan ya tare shi a hanya. Wata rana ya zo Boɗinga na ja shi gidan kallo ya ga Burusli. Bai yi minti goma ba ya tashi ya kakkaɓe riga, ya ce wanga ba shi na ba. Na ji haushi ranar, don ga suna nan ƙato a jikin kwalin kaset. Sai da na girma na samu intanet na gane tsohon gaskiya ya faɗa. Finafinan faɗa da Bruce Lee ya kammala a matsayin jarumi guda huɗu ne kacal, sai guntun na biyar. Ni kuwa na kalli sama da ashirin da sunansa. Zan dawo kan na bogin, bari mu fara da na gaskiyar.

An haife shi ranar 27 ga Nuwamba, 1940, a birnin San Francisco na Amurka. Mahaifinsa Lee Hoi-chuen ɗan wasan daɓe ne na gargajiyarsu, irin wanda ake haɗa waƙa da kwaikwayo, ya je Amurka yawon wasa tare da matarsa Grace Ho, haihuwa ta same ta a can. Sunan da iyayensa suka raɗa masa Lee Jun-fan, Bruce kuwa a asibiti aka laƙaba masa, a gida ba a kiransa da shi. Iyayen sun taɓa rasa ɗa namiji, saboda haka a gida suka riƙa kiran wannan da sunan mata, wai don a ɓatar da aljanun da ke ɗauke 'ya'ya maza. Duk wanda ya san dalilin da ya sa ake sa wa yaro Ajuji ko Ayashe a ƙasar Hausa ya gane maganar.

Yana da 'yan watanni suka koma Hong Kong, wadda a lokacin take hannun Turawan Ingila. A Disambar 1941 sojojin Japan suka mamaye ta, suka zauna har 1945. Wato a ƙarƙashin takalmin sojan Japan ya koyi tafiya, ku riƙe wannan, zai yi mana amfani nan gaba. Bayan yaƙi, tun da uba ɗan wasa ne, yaron ya shiga fim da wuri. Kafin ya cika shekara 18 ya fito a finafinai kusan 20, galibi a matsayin maraya ko ɗan titi mai tsiwa, kamar a The Kid na 1950 inda suka fito tare da mahaifinsa. A harkar fim ɗin ya samu sunan Lee Siu-lung, wato ƙaramin Dragon, dodon nan mai kama da maciji na tatsuniyoyinsu, don a lissafin kalandarsu a shekarar dodon aka haife shi.

Karatu bai dame shi ba, rigima ce sana'arsa. Ɗan masu hali ne, gidansu har da masu aiki, amma a titi yake yini da takadirai irinsa suna neman 'ya'yan Turawa da faɗa. Neman ƙwarewa a faɗan titin ne ya kai shi wurin Ip Man koyon Wing Chun. A nan ya gamu da abin da zai yi ta binsa. Mahaifiyarsa ruwa biyu ce, tana da jinin Turawa, da ɗalibai suka gano haka sai wasu suka ƙi yin atisaye da shi, wai ba a koya wa bare sirrin China. Dole aka koma koya masa a keɓe, babban ɗalibin makarantar Wong Shun-leung ya riƙe shi. A gida an ce jininsa ba tsantsa ba ne, nan gaba kuma a Amurka za a ce masa ya cika zama ɗan China.

Akwai abin da kawu bai sani ba har ya rasu, da ya ji ma sai ya musa: Burusli gwanin rawa ne. A 1958 ya lashe gasar rawar cha-cha ta Hong Kong, rawa fa, ba cacar kuɗi ba. A shekarar kuma ya ci gasar damben Turawa ta makarantu. Ka sake kallon faɗansa da wannan a ranka, za ka ga ƙafafun da kawu ke yabo na ɗan rawa ne. Ga shi kuma ba ya gani sosai daga nesa, tun yana yaro yake fama da gilashin ido.

Da rigimar ta kai ga 'yan sanda, iyayen suka ga in ya zauna ko dai gidan yari ko kabari. A Afrilun 1959 suka sa shi a jirgin ruwa zuwa ƙasar haihuwarsa da dala 100 a aljihu. Ya ƙare a birnin Seattle, a gidan abincin wata mata mai suna Ruby Chow, yana kwana a ɗakin sama yana kai wa mutane kwano. Tauraron fim a gida, yaron gidan abinci a waje. Ya kammala sakandare a can, ya shiga Jami'ar Washington a 1961, bai ƙarasa ba. Abin da ya sa a gaba koyar da kungfu, a filin shaƙatawa, a wurin ajiye motoci, duk inda aka samu sarari. Ɗalibinsa na farko baƙar fata ne, Jesse Glover. Babban amininsa kuma Taky Kimura, jinin Japan, mutanen da suka mamaye garinsu yana jariri. A 1964 ya auri ɗalibarsa Linda Emery, Baturiya, a lokacin da wasu jihohin Amurka ke da dokar hana irin wannan auren. Wanda aka taɓa hana wa ilimi saboda jini, da ya buɗe tasa makarantar bai tambayi jinin kowa ba.

A 1964 ɗin dai ya je wani babban taron 'yan kareti a Long Beach ya nuna naushin nan na inci ɗaya, inda yake ajiye hannu dab da ƙirjin ƙato ya tura shi ya faɗa kan kujera. A ƙarshen shekarar aka yi faɗan da har yau ake gardama a kansa, tsakaninsa da wani malamin kungfu mai suna Wong Jack-man, a garin Oakland, a rufaffen ɗaki. Linda, wadda ke wurin da tsohon ciki, ta ce a kan koyar da waɗanda ba 'yan China ba aka yi shi, kuma cikin minti uku mijinta ya gama. Wong ya ce ba haka ba ne, cika bakin Bruce ne ya jawo, kuma sun fi minti ashirin. Abin da ya fi muhimmanci shi ne abin da ya biyo baya. Bruce ya fito yana haki, ransa a ɓace, ya ga salon da ya gada bai gama masa aiki da wuri ba. Sai ya shiga gudu da ɗaga ƙarfe, ya riƙa nazarin faifan damben Muhammad Ali, ya aro tsayuwar masu wasan takobi na Turawa, ya zubar da duk motsin da ya ga ado ne kawai. A 1967 ya sa wa abin suna Jeet Kune Do, ma'ana hanyar tare naushi tun kafin ya iso. Abin da kawu ya gani da ido a silima ke nan, bai san yana da suna ba.

Wancan naushin na Long Beach shi ya buɗe masa ƙofar Hollywood, amma ƙofar baya. A 1966 aka ba shi Kato a shirin talabijin The Green Hornet: direban jarumi, fuska a rufe, magana kaɗan. A nan ne aka ce ya rage sauri don kyamara ba ta kama motsinsa, wato labarin nan da muke ba juna a gidan kallo yana da tushe. Bayan kashi 26 aka dakatar da shirin. Ya koma koyar da manyan taurari irin su Steve McQueen da James Coburn da ɗan ƙwallon kwando Kareem Abdul-Jabbar. Suna girmama shi a fili, amma ba kamfanin da zai ba ɗan China jarumi. A 1970 ya ji mummunan ciwo a baya wajen ɗaga ƙarfe, ya yi watanni a kwance, ga mata ga 'ya'ya biyu, Brandon da Shannon, ga bashin gida. Linda ce ta fita aikin dare. A kwancen ya cika littattafai da rubutu, waɗanda aka buga bayan mutuwarsa. Da ya tashi, ana shirya wani shiri mai suna Kung Fu, labarin ɗan makarantar Shaolin da ke yawo a Amurka. Ya nema, aka ba Bature David Carradine wanda a lokacin bai iya faɗan ba.

Ashe a Hong Kong shirin da aka dakatar ya karɓu, har mutane na kiransa shirin Kato. Raymond Chow, mai sabon kamfanin Golden Harvest, ya ba shi dala 15,000 kuɗin finafinai biyu. Na farko The Big Boss, 1971, an ɗauke shi a wani ƙauye a ƙasar Tailan da kuɗi kaɗan. Labarin ɗan ci-rani ne da ya je aiki a masana'antar ƙanƙara, ashe ƙwaya ake ɓoyewa a ciki, duk ma'aikacin da ya gano sai ya ɓace. Ya yi wa uwarsa alkawarin ba zai yi faɗa ba, da abin wuyanta a wuyansa, kusan rabin fim ana dukan 'yan uwansa yana kallo. Lokacin da aka tsinke abin wuyan, gidan kallonmu har benci ya karye. Fim ɗin ya kafa tarihin ciniki a Hong Kong.

Na biyu, Fist of Fury na 1972, shi ne nawa. Chen Zhen ya dawo Shanghai ya tarar malaminsa ya mutu, ana cikin zaman makoki 'yan wata makarantar faɗa ta Japan suka kawo allo da rubutun cin mutunci, suna kiran 'yan China majinyata. Ya ɗauki allon ya mayar musu shi kaɗai, ya daki makarantar kaf, ya zaro sandunan nan biyu masu sarƙa da suka fasa mini goshi, sannan ya yaga takardar ya sa biyu daga cikinsu suka tauna. Akwai kuma wurin da ya zo shiga filin shaƙatawa a ƙasarsa aka hana shi, ga allo a ƙofa an haɗa 'yan China da karnuka a hani ɗaya, ya yi tsalle ya farfasa allon a sama. Wanda ke wannan wasan yaron nan ne da ya tashi ƙarƙashin mamayar Japan da mulkin Ingila, fushin da ke fuskarsa ba na haya ba ne. A ƙarshe ba ya tsira. Ya fito ƙofa, ga masu bindiga a jere, ya rugo ya yi tsalle kansu, hoton ya tsaya cak, sai ƙarar harbi. Da na girma na sake kallon wurin nan Satiru ce ta faɗo mini, wadda ke nan kusa da mu, inda a 1906 mutane da gatura da fartanya suka tunkari bindigar Turawa, aka shafe garin. Ban ce kawu da abokansa da wannan suke kallo ba, amma a shekarun 1970 dattawan da suka yi zamanin Nasara suna nan da ransu a kowane zaure. Ba sai an fassara wa kowa allon nan ba.

Na uku, The Way of the Dragon, shi ya rubuta, ya ba da umarni, ya fito jarumi. Baƙauye ne ya je birnin Rum na Italiya kare gidan abincin 'yan uwansa, da barkwanci a ciki sosai. Ƙarshensa karon nan ne da Chuck Norris, wanda zakaran kareti ne na gaske. Abin da kawu ya fi so a ciki bayan faɗan yake: da ya kashe shi, sai ya ɗauko rigarsa da ɗamararsa ya lulluɓe shi. Ya ce ɗan dambe na ƙwarai haka yake, ba ya wulaƙanta wanda ya kayar.

Kowane ɗaya daga cikin ukun nan ya karya tarihin cinikin na gabansa. Sai ga Hollywood da kanta ta biyo shi gida. Kamfanin Warner Bros ya haɗa hannu da su aka fara Enter the Dragon a farkon 1973, Robert Clouse ya ba da umarni, kuɗin aikin bai kai dala miliyan ɗaya ba. Bruce ya ajiye Game of Death da ya fara, ya kama wannan, don shi ne abin da ya yi shekaru yana jira.

Labarin ba wani mai zurfi ba ne. Wani tsohon ɗalibin Shaolin mai suna Han ya mallaki tsibiri, yana safarar ƙwaya da mata, yana shirya gasar faɗa don ya ɗebi ƙarti. Aka tura Lee ya shiga gasar ya leƙo asiri, shi kuma da tasa a ƙasa, don yaran Han ne sanadin mutuwar ƙanwarsa. Amma ku lura da ƙa'idar tsibirin: ba a shiga da bindiga. Ni a ganina rabin sirrin fim ɗin ke nan a wurinmu. Fim ɗin Amurka mai bindiga da mota ne ke cin nasara, mu kuwa ba mu da ko ɗaya. A nan fili ne, da'irar 'yan kallo, mutum biyu a tsakiya, kowa da hannunsa da ƙafarsa, sai ka ce fagen dambe bayan kaka. Jarumin kuma siriri ne, bai kai kilo 70 ba, duk yaron da ya cire riga zai iya ganin kansa a jikinsa. Ga kuma Williams, Jim Kelly, baƙar fata mai tulin suma, wanda 'yan sanda farare suka tare a hanya ya lakaɗa musu duka ya tafi da motarsu. Shi ne baƙin mutum na farko da na gani a fim yana dukan Bature. Da Han ya kashe shi, wani a bayana har zagi ya yi. Sai ɗakin madubai a ƙarshe, Han da hannun ƙarfe mai farata, da zanen jini a ƙirjin Lee, hoton da har yau ake bugawa a riguna. Masu kaifin ido su duba faɗan ƙarƙashin ƙasa, akwai wani yaro da ya kama shi ta baya aka finciki sumarsa aka karya masa wuya. Jackie Chan ne, lokacin yana ɗan amshin duka. Mai ƙibar da suka kara a buɗewar fim kuwa Sammo Hung ne.

Ranar 10 ga Mayu, 1973, ana aikin ɗora murya, ya yanke jiki ya faɗi. Likitoci suka ce ƙwaƙwalwarsa ce ta kumbura, suka ceto shi, ya koma aiki. Ranar 20 ga Yuli suka je gidan jaruma Betty Ting Pei tare da Raymond Chow kan maganar Game of Death. Ya ce kansa na ciwo, ta ba shi ƙwayar maganin ciwo mai suna Equagesic, ya kwanta, bai farka ba. Shekararsa 32. Binciken hukuma ya ce kumburin ƙwaƙwalwa ne, aka ɗora a kan yadda jikinsa ya ƙi maganin. Daga baya wasu sun ce zafi ne ya buge shi, a 2022 wasu likitocin ƙoda suka ce ruwa ne ya yi yawa a jikinsa. Mu kuwa a Boɗinga mun riga mun yanke hukunci tun tuni: wasu suka ce malamansa ne suka kashe shi don ya tona asirin kungfu, wasu suka ce guba aka sa masa don ba mai iya tararsa gaba da gaba, wasu ma suka ce bai mutu ba. Na yi mamaki da na gano a Hong Kong ma irin waɗannan maganganun aka yi ta yi. Dubban mutane suka cika titi wajen ban-kwana da shi, aka kai gawar Seattle aka binne, McQueen da Coburn da Taky Kimura na cikin masu ɗaukar akwati. Kimura ya yi ta kula da kabarin har shi ma ya rasu a 2021.

Wata guda bayan mutuwarsa aka fara haska Enter the Dragon a Amurka. Duk abin da ya biyo baya bai gani ba. Fim ɗin ya kwaso miliyoyin daloli, makarantun kareti da kungfu suka ɓarke a ko'ina. Baƙaƙen fatar Amurka suka rungume shi. A 1974 Carl Douglas ɗan Jamaika ya yi waƙar Kung Fu Fighting ta zagaye duniya, a 1993 mawaƙan Wu-Tang Clan suka aro sunan kundinsu na farko daga sunan fim ɗin. A Indiya salon faɗan finafinansu ya sauya, wannan shurin da kuke gani jaruman Indiya na yi ba daga Mumbai ya samo asali ba. 'Yan gidan gem, Liu Kang na Mortal Kombat da Law na Tekken ai shi ne. A garin Mostar na Bosniya, inda yaƙi ya raba Musulmi da Kirista, matasa suka nemi wanda duk ɓangarorin za su yarda a kafa mutum-mutuminsa, suka tsaya a kan Bruce Lee, aka kafa a 2005. Abin dariya, a babbar ƙasar China ta zamanin Mao ba a nuna wa jama'a finafinansa, wato kawuna barunjen Shagari ya riga talakan Beijing ganin Burusli.

Mu ta silima ya fara iso mana. Wani Bature mai bincike, Brian Larkin, da ya zauna a Kano a shekarun 1990, ya rubuta cewa silimun garin dare biyar Indiya suke nunawa a mako, dare ɗaya Chanis, dare ɗaya na Amurka. Dare ɗayan nan ya isa. Masu bin tarihin Kannywood sukan ce tun kafin Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, akwai samari a Kano da ke ɗaukar kansu a kyamarar bidiyo suna faɗa irin na Chanis. Soyayya da waƙar Indiya ne suka ci kasuwa daga baya, amma shurin ya riga rawar shiga kyamara.

Da kaset ya zo, kasuwar Ƙofar Wambai a Kano ta zama uwar kwafi. A kwafa daga kaset, a sake kwafa daga kwafin, kafin ya iso Sakkwato ya gangaro Boɗinga fuska ta zama inuwa, launi ya zube. A nan 'yan bogi suka ci kasuwarsu. Bayan mutuwarsa kamfanonin Hong Kong da Taiwan sun ɗebo duk mai kama da shi, suka yi musu askinsa, suka sa musu baƙin gilashi, suka raɗa musu Bruce Li, Bruce Le, Dragon Lee. Harafi ɗaya ne bambanci a kwali, mu da ko baƙin Turanci ba mu gama haɗawa ba ina za mu gane? Su muka yi ta tafa wa. Ba na jin haushinsu yanzu, wasunsu sun iya faɗa, kuma su suka riƙe mana sunan shekara da shekaru. Amma ka jera su da na gaskiyar ka gani. Su suna ta motsi ba tsayawa, shi kuwa tsayuwa yake yi kamar ba zai yi komai ba, kafin ka ƙifta mutum na ƙasa.

Mafi munin bogi kuwa kamfaninsa ne ya yi. A 1978 Golden Harvest suka fitar da Game of Death da ɗanyen aikin da ya bari, na gaskiyar bai wuce minti goma sha ɗaya ba, wurin rigar nan ruwan ɗorawa da karonsa da Kareem mai tsawon sama da mita biyu. Sauran duk wasu ne suka tsaya masa, akwai ma inda aka manna hoton fuskarsa a jikin madubi. Har hoton jana'izarsa ta gaske, da gawarsa a akwati, suka cusa a fim ɗin. Labarin da suka ƙirƙira kuwa na jarumin fim ne da aka harba da harsashin gaske ana cikin ɗauka. Ranar 31 ga Maris, 1993, ana ɗaukar fim ɗin The Crow, aka harbi ɗansa Brandon da bindigar wasa da wani guntun harsashi ya maƙale a cikinta, ya mutu yana da shekara 28. Kabarinsa na gefen na uban.

Daren da zan baro Boɗinga na tura wa yaran Enter the Dragon a wayar, na ce ga yaron Ip Man ɗin nan ku gani. Babban ya ce hoton ya tsufa, kuma ba ya tashi sama kamar na yanzu. Ƙaramin ya ce wannan ramammen ne zai daki wa? Na ƙyale su. Da aka zo karonsa da mai tabo a fuska, wanda ya kai ƙasa tun bai ɗaga hannu ba, sai da suka mayar da wurin baya sau uku suna neman inda naushin ya fito. Daga ɗakin madubai ban ƙara jin bakin kowa ba. Washegari ina tasha ina jiran mota matar yayana ta kira ni, wai ta wayi gari tana neman muciyarta, an same ta a bayan ɗaki an raba ta biyu, kuma sarƙar keken maigidan ba ta nan.